Na Ce Masa Ta Yi Kyau

Masu zagina a ƙasan rubutu, ku gyara zama, yau na kawo muku abin zagi da hannuna. Wata ta rubuto min wai girman kai ne ke damuna, wai miji irin Cleiton sai an tona. To 'yar'uwa, ga shi nan, ki zo ki ɗauka, har kuɗin mota zan ba ki. Amma ki bari in gama ba ki labarin Lahadin da ta wuce tukuna, don tun ranar ban ci abinci ya zauna min ba.

Ga wanda yau ya fara leƙowa: sunana Lívia, shekarata ashirin da tara, tela ce ni a Vila Carrão, nan São Paulo ta Brazil. Ina da suna na biyu, Harumi, wanda mutum ɗaya tak ke kirana da shi, wato Obá, kakata ta wajen uba, wadda ta zo ƙasar nan daga tsibirin Okinawa na Japan a jirgin ruwa tana 'yar shekara goma sha tara. Haka muke zaune lafiya har ranar da Cleiton ya leƙa katin shaidata ya ga sunan, ya maƙale masa kamar kaska.

Abin da nake ɗinkawa kuwa kayan shigar katun ɗin Japanawa ne. E, su dai, masu shuɗin gashi da ido kamar faranti. Babban mutum da gemunsa, lauya ko ma'aikacin banki, zai turo min hoton wani zanen yaro mai takobi ya ce haka yake so, har da yagar da ke gefen hannun rigar. Ina karɓar aiki daga Recife, daga Chile, daga Mexico, shekaran jiya har wata ta rubuto daga Portugal tana roƙo. Da kuɗinsu nake ci, da kuɗinsu na sayi keken ɗinki na biyu, kuma Allah ya sani ban taɓa kallon katun ɗin nan ko guda ɗaya har ƙarshe ba.

Kar ku ce ban da godiya. Ni fa na tuna. Ina aji uku na firamare, in na buɗe ɗan akwatin abincina aka ga dunƙulen shinkafa naɗe da baƙin ganyen teku, sai a toshe hanci, a ja gefen ido da yatsu, a ce “Japa, buɗe idonki ki ga abin da kike ci.” Kuka na dinga yi wa Mama har ta koma sa min burodi. Yau ku je Liberdade, unguwar Japanawa ta garin nan, ranar Lahadi ku gani. Mutanen nan dai, ko ƙannensu, sun yi layi awa biyu a rana don wannan dunƙulen shinkafar, suna ɗaukar sa hoto kafin su ciza. Yayana kuwa yana can Japan ɗin ta gaske tare da Babanmu shekara goma sha ɗaya, suna tsaye a masana'anta suna jera abinci a roba, kuma har gobe baƙi ake kiran su.

To a cikin masu layin nan Allah ya haɗa ni da Cleiton.

Alkyabba ya zo ɗinki bara, baƙa mai jan ciki. Dogo ne, shekara talatin da uku, a kantin magani yake aiki. Ya tsaya a ƙofar shagona ya cire takalmi, shagon da ƙasansa duk allura ce. Ya rusuna min har sai da jakarsa ta zame. Ya ce sunansa Cleiton amma abokai suna ce masa Hayato. Na ce, “Waɗanne abokai?” Ya ce na waya.

Mutumin nan da tsinke biyu irin na Japanawa yake cin wake da shinkafa. Wake fa, mai romo. Duk Asabar yana ajin koyon Japananci, ɗakinsa cike da 'yan gumakan roba da ba a yarda a fitar da su daga kwali ba, ga takobi biyu a bango, shi da bai taɓa yanka ko kaza ba. Bai taɓa taka Japan ba, amma zai gaya maka tashar jirgin ƙasa ta nawa ake sauka in za a je kaza. Ya fi mai kora shafawa, in taƙaice muku.

Kuskuren da na yi shi ne barin sa ya rako ni gida ranar da aka yi ruwa. Daga ranar Mama ta mutu a kansa. Shi ke kawo wa Obá maganin hawan jini, a jere cikin ɗan akwati mai ranakun mako. Yana zama a gabanta a kan gwiwoyinsa har ƙafarsa ta sage, yana zuba mata Japanancinsa na aji. Ita kuwa Obá harshen tsibirinsu ne a bakinta, sai ta yi ta dariya tana amsa masa da harshen nan ƙasar, in ya tafi ta ce, “Yaron nan yana magana kamar mai karanta labarai a talabijin. Amma yana da ladabi.”

Ranar Juma'a muna kicin, Mama tana ƙulla ganyen teku na girkin Lahadi, ni ina yanka naman alade, ta ce ba tare da ta ɗago ba,

“Na gayyaci Cleiton addu'ar tunawa da marigayi kakanki.”

“Addu'ar 'yan gida ce, Mama.”

“Shi ya sa. Bayan an ci abinci zai yi maganar aurenki a gaban gwaggonki Sueli. Na riga na gaya wa babanki a waya, ya ce in ke kin yarda shi ba shi da ta cewa.”

Na ajiye wuƙar. “Wa ya ce na yarda?”

“Wa ya ce ba ki yarda ba? Wata takwas yana zarya gidan nan, kin taɓa buɗe baki kin ce masa ya daina? Ki dube ni, Lívia. Samarin unguwar nan masu irin idonmu ko suna Japan, ko sun auri wasu sun manta hanyar gidan iyayensu. Yayanki ba zai dawo ba, kin sani na sani. In Obá ta kwanta dama, ni ma na bi, wa zai kunna wa kakanni turare a gidan nan? Ke da ba ki san ranar da ake canza musu ruwa ba? Ga wanda ya fi mu son abinmu.”

“Matsalar ke nan, Mama. Abinmu yake so. Da zai samu idona da gashina a cikin kwali, da ya saya ya jera kusa da gumakansa ya ƙyale ni.”

“Bakinki ne zai hana ki aure.”

“Da ya taimake ni.”

Ta jefa ƙullin ganyen a tukunya. “In ba kya so, ki faɗa da bakinki ranar Lahadi a gaban kakarki. Ni ba zan faɗa miki ba.”

A nan ta kama ni, kuma ta sani. Ni na iya zagi a rubuce, na iya yanka wa mutum magana a bayan idonsa har ta wuce ƙashi. Amma a ce in dubi Mama, in dubi Obá da ke murna duk ranar da ta ji muryarsa a ƙofa, in ce a'a, wannan ya fi ƙarfin bakina. Matsoraciya ce ni, ku rubuta ku ajiye. Kwana biyu na yi ina addu'ar Allah ya kawo abin da zai kore shi ba tare da na ce uffan ba.

Ranar Lahadi da safe, ƙarfe tara da 'yan mintoci, ina tsaye ina guge baƙar rigata mai ƙananan maɓallai, wayata ta yi ƙara.

“Harumi, na yi wani abu don girmama kakanki. Kar ki gaya wa kowa.”

Na rubuta, “Me kuma?”

“Na yi odar kimono. Sati uku ina jiran ta. Ban kawo miki ɗinkin ba don ina so ki yi mamaki.”

Sai hoto ya shigo. Yana tsaye a gaban madubin ɗakinsa, waya a hannu, cikin kimono, doguwar rigar gargajiyar Japanawa, fara sol har idon sawu, ya ɗaure ƙugu da farin ƙyalle. Fara, jama'a. Na tabbata wani jarumin katun ne ya sa irinta a wani biki, shi kuma ya ce to ai shi ke nan, haka manya ke yi. A gefen madubin ya manna hoton da ya kwaikwaya, ya daidaita naɗin rigarsa har ya zama iri ɗaya sak da na hoton.

“Ta yi? Ke ce gwana. In akwai gyara ki gaya min.”

Sai ku natsu a nan, don a nan laifina yake. Kimono naɗa ta ake yi a ƙirji, ɓangare ɗaya a kan ɗaya. Mai rai yana ɗora na hagu a kan na dama. Gawa kaɗai ake ɗora wa na dama a kan na hagu, kuma fara ake sa mata. A hoton nasa naɗin daidai yake, amma hoton madubi ne, madubi kuwa juya abu yake yi. In daidai ne a madubi, to a jikinsa baibai ne. Ni tela ce, kallo ɗaya na yi na gane Cleiton ya yi wa kansa shigar gawa.

Kuma ba a littafi na koyi wannan ba. Ina shekara goma sha shida Oji, kakana, ya rasu a ɗakin baya. Obá ta hana ma'aikatan gidan gawa taɓa shi, ta ce ita za ta shirya mijinta. Ni na riƙe mata farin ƙyallen. Ta ɗora dama a kan hagu, ta ce min, “Ki duba da kyau, Harumi. Sau ɗaya ake yi wa mutum wannan.”

Na fara rubuta, “Ka juya naɗin, kuma ka cire farar.” Na tsaya. Na goge.

Abin da na hango shi ne Gwaggo Sueli, wadda ba ta iya ganin abu ta yi shiru, ta dafe ƙirji ta ce wane ne wannan mai mugun fata. Na hango Mama ta rasa inda za ta sa fuskarta, 'yan'uwa suna danne dariya, shi kuma yana ja da baya yana rusunawa har titi. Maganar aure ta mutu murus ba tare da na buɗe baki ba. Abin nema ya samu. Ban hango Obá ba ko sau ɗaya, ku yarda ko kar ku yarda.

Na rubuta, “Ta yi kyau.” Har da 'yar fuskar nan mai murmushi na ƙara masa.

Kafin sha biyu gida ya cika. An ture kujeru jikin bango, an buɗe ƙofofin kabad ɗin kakanni da ke falo, inda allunan sunayen matattunmu suke. An jera musu naman alade da soyayyar awara da ƙullin ganyen teku da farin dunƙulen shinkafa, ga lemo, ga kofin kofi mai zafi don Oji ba ya wasa da kofi. Mu da abin yake namu, kowa da wandon jins. Mijin Gwaggo Sueli ma rigar ƙwallo ce a jikinsa, yana ta leƙa agogo saboda wasan ƙarfe huɗu. Yara suna ƙasa suna kallon katun a waya, na Japanawan dai, an mayar da shi harshenmu.

Obá tana kan 'yar kujerarta a gaban kabad ɗin, cikin rigarta mai ruwan toka, ta tufke farin gashinta. Shekararta tamanin da bakwai, yanar ido ta rufe mata gani, haske da inuwa kawai take rarrabewa sosai. Ita ke miƙa wa kowa tsinken turare ya kunna ya soka a toka ya haɗa hannu. An bar ƙofar falo a buɗe saboda hayaƙi, rana tana zubowa ta nan.

Ina tsaye kusa da ita riƙe da ashana na ga hasken ƙofar ya ragu. Na juya. Ga Cleiton, dogo, fari fat tun daga wuya har ƙasa, ya cire takalmi, ya tsaya cak hannuwa a gefe yana jiran a ba shi izinin shiga. A haka ya hau bas, ku ji fa.

Falon ya yi tsit. Na saci kallon Gwaggo Sueli ina jiran ta fara, na ga bakinta a buɗe amma ba shi take kallo ba.

Turaren da ke hannun Obá ya zube a ƙasa. Ta daɗe tana kallon ƙofar. Sannan ta yi magana a hankali da harshen tsibirinsu, wanda rabon da in ji ta yi doguwar magana da shi tun Oji na da rai. Ban fahimci komai ba sai sunan da ta kira sau biyu, Seitoku. Sunan Oji ke nan.

Na raɗa wa Mama, “Me ta ce?”

Mama ba ta dube ni ba. “Cewa ta yi, ka daɗe.”

Obá ta dafa gwiwa ta miƙe da kanta, ita da sai an kama ta. Ta shafa gashinta, ta gyara wuyan rigarta. Ban taɓa ganin fuskarta haka ba, kamar ta yarinya.

“Harumi, ɗauko min takalmina. Baƙaƙen, na fita.”

“Obá, ina za ki?”

“Ya zo. Yi sauri, kin san halin kakanki, ba ya son jira.”

Jama'a, da ƙasa ta tsage da na shige. Ashanar tana hannuna na matse ta har kwalin ya lotse. Obá ba ta jira takalmin ba, ta fara takawa zuwa ƙofa da safa a ƙafarta, kowa yana matsa mata.

Shi kuwa gogan, da ya ga tsohuwa ta taso da kanta don tarbarsa, sai daɗi ya kashe shi. Ya rusuna iya rusunawa, ya buɗe murya ya fara zuba gaisuwar da ya kwana yana haddacewa, da Japanancinsa na talabijin.

Obá ta tsaya. Muryar ta gane. Ta ƙarasa a hankali ta ɗora hannu a ƙirjinsa, ta bi naɗin rigar da yatsu, ta gangara ta kama hannunsa ta riƙe. Ina ganin lokacin da ta ji ɗumin hannun. Kafaɗunta suka sauka, ta koma tsohuwar da ta tashi daga kujera ɗazu, har ta fi.

“Kai ne, yaro,” ta ce.

“Ni ne, Obá.” Ya fara duban fuskokin mutane. “Na yi wani abu ne?”

Ta kai hannu ta kwance masa ƙyallen ƙugu a gaban kowa, kamar mai shirya yaro zuwa makaranta. Sai ga singileti da gajeren wando mai hoton katun a ciki, kuma ko yaran nan babu wanda ya yi dariya. Ta buɗe rigar, ta shigar da dama, ta ɗora hagu a kai, ta ɗaure, ta daddaɓa ƙirjinsa.

“Haka masu rai suke sawa. Wancan na waɗanda za a rufe ne. Kuma fara ba ta zuwa gidan mutane.” Ta ɗaga kai tana neman fuskarsa. “Ba wanda ya gaya maka?”

Na ga launin fuskarsa ya canza. Hannunsa ya tafi wajen hannun rigar, inda wayarsa take. Ya dube ni. Ba dogon kallo ba ne, amma ya ishe ni.

“Babu, Obá,” ya ce. “Ban tambayi kowa ba. Laifina ne ni kaɗai.”

Sai a lokacin Gwaggo Sueli ta samu bakinta. “Tabɗi. Gidan mutane ne fa nan, malam, ba dandalin 'yan wasa ba. Ka kusa kashe mana uwa da rana tsaka saboda ka ga abu a katun.”

“Ki yi haƙuri, Gwaggo.”

“Ni ba gwaggonka ba ce.”

Mama ta kama hannunsa ta fita da shi baranda. Ta taga na ji ta ce, “Ka je gida, Cleiton.” Ya ce ko zai iya kunna turare ɗaya kawai kafin ya tafi. Ta ce, “Ka je gida.” Ya durƙusa ya sa takalmansa, wani ɗan ƙaramin akwati irin na zobe ya faɗo daga hannun rigar, ya yi sauri ya ɗauke ya cusa. Na bi shi da kallo har kwana. 'Yan mata biyu a bakin kantin burodi suka tare shi suna son hoto da shi, ya wuce bai tsaya ba.

An yi addu'a, an ci abinci, ban san me ya shiga bakina ba. Obá ta ce kanta na ciwo, aka kai ta ɗaki. Mijin Gwaggo ya samu wasansa na ƙarfe huɗu. Muna wanke-wanke Mama ta ce, idonta a kan kwano,

“Ke kika fi ni gaskiya. Wasa ya ɗauke mu, mu da matattunmu. Ki rabu da shi, ba zan ƙara yi miki maganarsa ba.”

Kun ji. Abin da na kwana biyu ina roƙo, ga shi an ba ni a faranti, ban ce uffan ba. Har Mama ta ce na fi ta gaskiya, abin da ba ta taɓa faɗa ba tun da ta haife ni. Na ce mata to, na ci gaba da dirzar tukunyar da ta riga ta fita.

Wayata ta yi motsi a aljihu. Na shiga banɗaki na duba.

“Na karanta ma'anarsa a bas. Ki ba Obá haƙuri.”

Ina kallo yana rubutu, ya tsaya, ya sake farawa.

“Ba zan gaya wa kowa na turo miki hoton ba.”

Da zagina ya yi da na samu abin riƙewa. Ni da na raina yadda yake cin wake, na raina takubbansa, na raina rusunawarsa, yau shi ne ya rufa min asiri a gaban dangina. Kunya ta kama ni, irin wadda ban taɓa ji ba, kuma haushinsa ya ƙaru a raina saboda ita. Ban ba shi amsa ba.

Da la'asar baƙi suka watse, na zuba romo a kwano na kai wa Obá. Tana zaune a bakin gado, ba ta kwanta ba, hannuwanta a cinya.

“Obá, ki sha ko kaɗan ne.”

“Ajiye.” Ta daddaɓa katifa, na zauna.

“Na yi murna fa, Harumi,” ta ce. “Kar ki gaya wa uwarki. Daga kujera zuwa ƙofa, taku nawa ne? Duk na yi su cikin murna. Gwiwar nan ko ciwo ba ta yi min ba.”

Hawaye suka fara zuba a kan baƙar rigata, na gode Allah da ba ta gani.

“Sueli ta yi wa yaron nan rashin kirki. Ya zo gidanmu da niyyar girmama mu, ya tafi bai ci abinci ba. Wanda bai sani ba ai bai yi laifi ba. Shi ba shi da kaka da za ta nuna masa, sai talabijin.” Ta lalubo hannuna ta riƙe. “Wautarsa ɗaya, da bai nuna miki ba. Da ke ya nuna wa, da ba ki bar shi ya fito haka ba. Ke da na koya wa da hannuna.”

Nan ne wurin faɗin gaskiya, na sani. Bakina ya buɗe.

“Haka ne, Obá,” na ce.

Ta gyaɗa kai, ta murza bayan hannuna da babban yatsanta. “Wayarki na nan?”

“Tana nan.”

“Kira shi. Yanzu, a gabana, ki sa yadda zan ji muryarsa. Ki ce masa tsohuwa ba ta yi fushi ba. Ya dawo Lahadi mai zuwa ya kunna turarensa, ya zo da rigar, ke za ki koya masa naɗin.”

“Obá, Mama ta ce...”

“Gidan uwarki ne ko nawa?”

Na fito da wayar. Saƙonsa na ƙarshe yana nan a buɗe, a samansa hoton farar rigar, a ƙarƙashin hoton amsata da 'yar fuskarta mai murmushi, duk a tafin hannuna, ƙasa da taƙi ɗaya daga idon da ba ya gani. Na danna kira. Obá ta matso da kunnenta.

A ƙara ta biyu ya ɗauka. Bai gaishe ni da Japananci ba, bai ce komai ba ma, numfashinsa kawai muke ji.

Obá ta zungure ni da gwiwar hannu. “Yi magana mana, yana jiran ki.”